Bolo ko Mai-ƙafa: Wane Bos Za Ka Bi Idan Wayarka Ba Ta Ɗaukar Su Duka?

Ɗan yayata ne ya zo min da maganar wata Juma'a bayan la'asar. Watanni kaɗan ke nan da ya shiga koyon takwando, kuma tun daga lokacin ba shi da hira sai ta tsofaffin fina-finan Chanis. Ya miƙo min wayarsa ya ce, "Kawu, mimorin nan ba zai ɗauki fiye da fim goma ba. Aktoci duk na san su. Yanzu bos nake so in bi, mutum ɗaya, daga farkonsa har ƙarshensa. Abokaina sun rabu biyu, wasu sun ce Bolo, wasu sun ce wannan mai ƙafar na fim ɗin Jaki Chan. Na wa zan ce a tura min?"

Na ce ya ba ni kwana biyu, don tambayar ta fi ƙarfin amsar tsaye.

Mu da muka taso da kallon Chanis a Kano, tun daga silima irin su Plaza da Orion har zuwa zamanin kaset da gidajen kallo na cikin unguwa, mun san abu guda tun kafin mu iya karanta sunayen da ke bangon fim: fim ba ya daɗi sai bos ya cika bos. Akta dai kowa ya san ba ya mutuwa. Abin da ke hana ka tashi sayen gyaɗa shi ne tsoron da wancan mutumin ya dasa maka tun da fari, kana zaune kana lissafin ta ina yaron nan zai ɓullo masa. Mutum biyun da ɗana ya ambata suna cikin waɗanda suka fi kowa iya dasa wannan tsoro, sai dai kowa da hanyarsa, kuma yadda aikin fim ya tafi da kowannensu ma ya sha bamban ƙwarai. Wanda zai kashe data ko ya biya kuɗin turi, gara ya san bambancin kafin ya zaɓa.

Bari in fara da wanda kowa ya sani. Sunan Bolo na asali Yang Sze, kuma da wannan sunan za ka gan shi a rubuce a tsofaffin fina-finansa. An haife shi a Guangzhou da ke kudancin Chana a 1946. Ya koyi faɗa tun yana yaro, amma ɗaga ƙarfe ne ya fito da shi. Da ya koma Hong Kong ya ci kambun gasar masu ƙwanji ta birnin, ya riƙe shi shekaru, kuma wannan ƙirar jikin ce ta sa kamfanin Shaw Brothers ya fara ba shi ƙananan fitowa tun wajen 1970. Rawar da ake ba shi kusan guda ce: ƙaton da za a turo gaba, akta ya kayar da shi, don 'yan kallo su yarda cewa aktan ba kanwar lasa ba ne. Ya fito a King Boxer na 1972, fim ɗin Lo Lieh da aka kai Amurka a 1973 da sunan Five Fingers of Death, wanda ya buɗe wa fina-finan kunfu kasuwar can. Yana fitowa a farko-farko, ana gamawa da shi, labari ya ci gaba ba shi.

Enter the Dragon na 1973 ne ya ba shi sunan da ya bi shi har yau. Bruce Lee, Burusli namu, ya rasu ranar 20 ga Yuli na shekarar, kafin fim ɗin ya zaga duniya, kuma duk wanda ya tsaya kusa da shi a cikinsa ya samu rabonsa na suna. Akwai fitowa ɗaya da ta ishe ka gane Bolo baki ɗaya. Han, mai tsibirin, ya tara kowa a fili da safe, ya sa aka fito da masu gadin da suka bari wani ya yi yawo da dare, ya ba Bolo umarnin hukunta su. Bolo bai yi gaggawa ba. Ɗaya bayan ɗaya yake bin su, kamar mahauci a bakin aikinsa. Wani daga cikinsu, Bolo ya ɗaga shi cak a hannu biyu kamar jariri, ya rungume shi a ƙirji, ya ninke shi har ya daina motsi. Ba tsalle, ba juyi, ba wani salo mai suna. Na kalli wurin nan ina yaro a kan benci, kuma na tuna yadda gidan kallon ya yi tsit, har mai yawan surutun da ke bayanmu ya rufe baki.

Mutane da yawa suna rantsuwa cewa sun ga Bolo ya yi faɗa da Burusli a fim ɗin. Ba su yi ba. An shirya haɗa su, sai Roper, wato John Saxon, ya tare Burusli ya karɓi faɗan, kuma shi ya kayar da Bolo, har da cizo a ƙafa. Har gobe zuciyata ba ta karɓi wannan kayen ba, kuma na san ba ni kaɗai ba ne. Ɗan Burusli, Brandon, shi ne ya yi gajeren faɗa da Bolo a Legacy of Rage na 1986.

Sai Bloodsport na 1988, inda ya zama Chong Li, zakaran wata gasar faɗa ta ɓoye a Hong Kong, gaban Jean-Claude Van Damme, Bandam a bakinmu. A nan ne Bolo ya samu fili na gaske, ya kuma nuna cewa ya iya wasan kwaikwayo fiye da yadda ake zato. Maganganunsa a fim ɗin ba su da yawa. Da ido yake aiki, da murmushin mugunta, da motsa ƙirji yana kallon taro yana neman su kira sunansa. Ya ragargaza abokin akta, ya cire masa ɗankwalin da yake ɗaurawa a ka ya riƙe a matsayin ganima. Ya kashe wani a fili bayan faɗa ya riga ya ƙare, alƙalai da jama'a suka juya masa baya, kuma a fuskarsa kana ganin mamakin wanda ya saba da tafi yau aka hana shi. A faɗan ƙarshe, da ya ga ruwa ya ƙare wa ɗan kada, ya watsa wa Bandam hoda a ido. Lokacin ya haura arba'in, amma jikinsa ya fi na 1973 cika da kauri. Wanda duk ya ce Bandam kaɗai ya ɗaga fim ɗin nan bai yi adalci ba. Bandam ma ya san haka, shi ya sa ya sake nemo shi a Double Impact na 1991, inda ya fito da tabo a fuska da ido ɗaya fari.

To, a nan matsalar take ga mai son bin Bolo fim bayan fim. Tsakanin 1973 da 1988 shekara 15 ne, kuma abin da ya cika su mafi yawa fina-finan da aka yi da masu kwaikwayon Burusli ne bayan rasuwarsa, irin su Bruce Le, waɗanda aka ɗauka da ƙaramin kuɗi cikin gaggawa. Hoton Bolo shi ne jarin masu sayarwa. Na taɓa sayen faifai a wajen wani mai baro saboda ƙirjin Bolo ya cika bangon gaba ɗaya, na tara ƙannena muka zauna, muka yi ta jira. Sai bayan an ci fiye da rabin fim ya fito, ya yi gurnani, ya karya tebur, aka yi masa shuri uku ya faɗi, ba a sake ganinsa ba. Ranar na ji haushi ƙwarai, kuma daga baya na gane ba tsautsayi ba ne, haka yawancinsu suke. Akwai Chinese Hercules na 1973 da ake tallatawa da sunansa kamar shi ne akta, alhali mugu ne a ciki. Bayan Bloodsport ya yi wasu a Amurka da Kanada: Tiger Claws tare da Cynthia Rothrock, sai Shootfighter da TC 2000 na 1993 inda aka ba shi rawar malami mutumin kirki. Suna da daɗin gani sau ɗaya, musamman ga wanda yake son ganin Bolo a ɓangaren gaskiya yana motsi a hankali irin na taici, wanda ya daɗe yana yi a rayuwarsa. Amma ba zan ce wa yaro ya ba su wuri a mimori mai cin fim goma ba.

Ɗaya mutumin, mu a unguwarmu Mai-ƙafa muke ce masa, don ba wanda ya san sunansa. Hwang Jang-lee ne. Bakoriye ne da aka haifa a Japan a 1944, iyayensa suka koma Koriya yana ƙarami. Ya fara takwando yana matashi, ya kai matsayin koyar da sojojin Koriya ta Kudu, har aikin ya kai shi Biyetnam lokacin yaƙi. Wato shi malamin faɗa ne da ya shigo fim daga baya, yana da shekara kusan 30. Ya fara da fina-finan Koriya, sai furodusan Hong Kong Ng See-yuen, mai kamfanin Seasonal, ya ɗauke shi a The Secret Rivals na 1976. Aka sa masa hular gashi fara, aka kira shi Silver Fox, aka ce aktoci biyu, John Liu mai ƙafa da Wong Tao mai hannu, sai sun haɗa ƙarfi kafin su iya da shi. Ka lura da wannan: tun fitowarsa ta farko a Hong Kong shi ne babban bos, shi ne faɗan ƙarshe. Bai taɓa yin zaman yaron bos na shekaru kamar Bolo ba. Fim ɗin ya samu karɓuwa har aka yi na biyu a 1977, aka dawo da shi a matsayin ɗan'uwan wanda aka kashe.

Shekarar 1978 ita ce tasa. Jaki Chan a lokacin yana hannun darakta Lo Wei, ana ta ƙoƙarin mayar da shi sabon Burusli, fina-finan suna faɗuwa. Ng See-yuen ya aro shi, ya haɗa shi da Yuen Woo-ping a matsayin darakta, da mahaifin daraktan, dattijo Yuen Siu-tien, a matsayin malami, ya kuma ajiye Hwang a ƙarshen hanya. Suka yi Snake in the Eagle's Shadow ya fito a Maris, suka yi Drunken Master ya fito a Oktoba. Daga nan Jaki ya zama Jakin da duniya ta sani. Ana yawan ba da labarin nan kamar barkwanci ne kaɗai ya yi aikin. Ni a ganina barkwancin ba zai tsaya ba da babu mutum ɗaya a fim ɗin da ba ya dariya. Jaki na wasa, dattijo na wasa, kowa na faɗuwa yana tashi, sai Hwang ya shigo, iska ta canza. A wajen ɗaukar na farkon ma shurinsa ya cire wa Jaki haƙori, kuma wannan ya gaya maka kusancin da ƙafar take yi da fuska.

Wurin da nake so kowa ya tsaya a kai yana tsakiyar Drunken Master. Yaro Wong Fei-hung, wato Jaki, ya gudo daga wahalar horon malaminsa, ya fake a wani kango yana shanya kayansa a bakin wuta. Sai ga Hwang, makashin haya, ya zo ya ce ya ba shi wuri. Yaro mai ji da kansa, wanda tun farkon fim yake dukan kowa, ya tsaya gardama. Abin da ya biyo baya ba za a kira shi faɗa ba. Ƙafar Hwang tana tashi ta sauka a ƙirji, kafin yaron ya dawo hayyacinsa ta sake tashi ta samu wuya, shi kuwa mai ita ko numfashinsa bai canza ba. Ya zagi kunfun uban yaron, ya jefa kayansa a wuta, ya sa shi rarrafe ta tsakanin ƙafafunsa. Jaki ya fita da gudu yana hawaye. Duk horon da ya biyo baya, duk ɗiban ruwa da rataya da juye-juye, daga wannan wulaƙancin suka samo nauyinsu. Kuma da aka zo faɗan ƙarshe, inda aka yi hayar Hwang ya kashe mahaifin yaron, ka riga ka san abin da ƙafar nan take iyawa, don haka kowane kaucewa da Jaki ya yi sai ka ji shi a jikinka.

Ga inda bambancin yake fitowa sosai. Bolo kamar ɗan kokawa ne da ya shigo fili, ganin ƙirarsa kaɗai ya sa abokin karawa ya karaya. Tsoronsa yana zuwa kafin ya motsa, kuma da zarar an fara musayar hannu na dogon lokaci, kwarjinin yakan ragu, shi ya sa masu fim suke gajarta faɗansa ko su cika shi da jan hoto a hankali da nuna fuskokin 'yan kallo, kamar yadda aka yi a Bloodsport. Hwang kuwa mutum ne matsakaici mai gashin baki, wanda za ka wuce shi a kasuwa ba ka waiwaya ba. Sai ya ɗaga ƙafa kake sanin ruwa ba sa'an kwando ba ne. Yana iya yin shuri uku ko huɗu da ƙafa ɗaya bai sauke ta ƙasa ba, ƙasa, tsakiya, sama, ya dawo da diddige. Yana iya tashi sama ya yi harbi fiye da ɗaya kafin ya dira. Kuma masu tsara faɗa irin su Yuen Woo-ping sun san abin da ke hannunsu, sai su ja kyamara baya su bar ka ka ga jikinsa duka daga kai har tafin ƙafa, ba yanke-yanke. Ga mai koyon takwando wannan makaranta ce. Za ka ga yadda yake naɗe gwiwa kafin ya saki ƙafa, yadda ƙugu ke juyawa, yadda yake janye ƙafar da sauri kamar yadda ya sake ta. Har faifan koyarwa ya yi a farkon shekarun 1980 mai suna The Art of High Impact Kicking.

Sannan kyawawan fina-finansa sun fi biyu ko uku, kuma wannan shi ne ya fi nauyi a tambayar ɗana. Akwai Invincible Armour na 1977, inda ya sake haɗuwa da John Liu, ya fito a babban jami'in gwamnati mai jikin da duka ba ya kama shi. Akwai Dance of the Drunk Mantis na 1979, shi ma na Yuen Woo-ping, inda yake farautar dattijon nan na Drunken Master da salon da ya haɗa da hannu sosai, wanda ya nuna ba ƙafa kaɗai ya iya ba. A 1981 ya ba da umarnin nasa fim, Hitman in the Hand of Buddha, ya ba kansa rawar akta, kuma abin sha'awa ne ka ga ƙafar da ka saba jin tsoro yau tana ɓangarenka. A shekarar dai aka fitar da Game of Death II, wanda wasu ke kira Tower of Death. Labarin faci-faci ne da aka haɗa da tsofaffin hotunan Burusli, amma dogon faɗan ƙarshe tsakanin Hwang da Kim Tai-chung, Bakoriye ɗan'uwansa, ya biya kuɗin fim ɗin. Daga 1976 zuwa 1982, da wuya ka ɗauko fim mai sunansa ka rasa aƙalla faɗa ɗaya da za ka mayar baya ka sake kallo.

Shi ma yana da nasa rauni, kuma ba zan ɓoye ba. Fuskarsa kusan ɗaya ce a ko'ina: ɗaure, da ɗan murmushin raini. Bai da abin nan da Bolo ya nuna a Chong Li, na mugu mai son yabo, mai jin zafin a ƙi shi. Labaran fina-finansa da yawa ɗaya ne aka sauya wa riga, an kashe malami, almajiri ya koyi sabon salo, a haɗu a fili a ƙarshe, kuma in ka jera su dare bayan dare za su cakuɗe maka. Da salon fim ya juya zuwa na 'yan sanda da bindiga a tsakiyar shekarun 1980, rawarsa ta ƙanƙance. Za ka gan shi a Millionaires Express na Sammo Hung a 1986, da No Retreat, No Surrender 2 na 1987, amma fitowa ce ta baƙo. Daga baya ya koma Koriya, a shekarun 1990 ya janye daga fim ya kama kasuwanci. Bai samu wani Bloodsport da zai sake gabatar da shi ga sabbin 'yan kallo ba. Shi ya sa yau yaron da bai kai 20 ba zai gane hoton Bolo nan take, amma Hwang sai an yi masa bayani.

Wani abu da ke ba ni sha'awa kullum: Bolo ɗan Chana ne, amma rawar da ta fi ɗaukaka shi ta Bakoriye ce, don Chong Li daga Koriya ta Kudu aka ce ya zo. Hwang kuwa Bakoriye ne da ya yi sunansa yana fitowa a malaman kunfu na Chana, da farcen gaggafa da doguwar riga, a Millionaires Express ma Bajapane aka mai da shi. Kuma a tsofaffin fina-finan Hong Kong ba muryar ko ɗaya daga cikinsu kake ji ba, don ana ɗauka ne ba sauti, daga baya a ɗora murya. Jiki kaɗai kowannensu ya shigo da shi kasuwa.

Akwai hujjar da ta fi ra'ayina ƙarfi, ita ce yadda masu fim suka yi da su a lokutan da suka same su tare. A The 36 Deadly Styles na darakta Joseph Kuo, Hwang ne babban mugu, Bolo kuma ƙaramar rawa aka ba shi da wata hular gashi mai kitso. A The Ninja Strikes Back na 1982, Bolo yana kan hanya, faɗan ƙarshe kuwa na Hwang ne da Bruce Le a tsohon filin wasan nan na birnin Rum. Mutanen da kuɗinsu ke ciki sun ajiye Bolo a zaure, Hwang a turaka.

Sai maganar samu da ingancin hoto, wadda mai zuwa shagon turi ya kamata ya sani. Manyan na Bolo, Enter the Dragon da Bloodsport da Double Impact, kamfanonin Amurka ne suka rarraba su, don haka suna ko'ina da hoto tangaran. Na Hwang, in ka cire biyun da ya yi da Jaki Chan, sau da yawa kwafin da ke yawo daga tsohon kaset aka ɗauko, hoton ya dushe, an kuma yanke gefe da gefe don ya dace da tsohuwar talabijin. Wannan yankan ɓarna ce babba ga mai shuri, don sai ka ga mutum ya faɗi ba ka ga ƙafar da ta same shi ba. Kafin a tura maka, ka ce a buɗe maka ka duba, in hoton mai faɗi ne da baƙin layi sama da ƙasa, shi ne mai kyau. Sunansa ma yana zuwa da rubutu iri-iri, wani wuri Wong Cheng-li, wani Huang Cheng-li, kuma fim ɗaya yana iya yin suna biyu ko uku, don haka a kula kada a tura maka abu ɗaya sau biyu.

Ga masu kallo da iyali kuma, kowane ɓangare yana da wurin taka-tsantsan. Enter the Dragon yana da 'yan wuraren da za a tsallake, Double Impact ya fi shi, haka Game of Death II. Fina-finan Bruce Le da aka ɗauka a Turai kuwa akwai tsiraici a fili, ban ba kowa shawarar kai su gida ba. Biyun Jaki Chan sun fi tsabta ta wannan fuska, sai dai Drunken Master an gina shi kan shan giya, kuma ya kamata babba ya gaya wa yara cewa ainihin salon kwaikwayon tangaɗin mashayi ne kawai, masu yin sa da hankalinsu garau suke yi, don ba mai iya wannan juyin da maye a kansa.

Saboda haka amsar ta danganta da abin da mutum yake nema. Wanda yake son dare ɗaya ko biyu na nishaɗi da abokai, a yi ihu a yi tafi, a ga mugun da za a daɗe ana kwaikwayonsa, Bolo ne nasa, kuma fim biyu zuwa uku sun gama masa komai. Wanda ya ce zai bi mutum ɗaya ta fim bakwai ko takwas, yana son kowane dare ya ga abin da bai gani jiya ba, balle in shi ma yana koyon ɗaga ƙafa, Hwang zai bi. Ɗana kuwa irin na biyun ne.

Ranar Lahadi na rubuta masa a takarda. Bakwai na Hwang, kuma na ce ya bi su da jerin shekarunsu: The Secret Rivals, Invincible Armour, biyun Jaki Chan, Dance of the Drunk Mantis, Hitman in the Hand of Buddha, sai Game of Death II wanda na ce ya wuce kai tsaye zuwa faɗan ƙarshe. Na ƙara The 36 Deadly Styles don ya gan su a fim ɗaya. Ragowar wuri biyun na ce na Enter the Dragon da Bloodsport ne. Ya ce, "Kawu, ai mutum ɗaya na ce." Na ce na ji, amma ba zan bari ɗan gidanmu ya girma bai ga Chong Li ba.

Bayan mako guda na je gaida yayata, na tarar da shi a tsakar gida, ya jingina wayar da buta a kan dakali, yana mayar da faɗan kangon nan baya yana tsayarwa. Ya zana layi a ƙasa da gawayi, ya tsaya a kai da ƙafar hagu, yana juya diddige yana ɗaga dama, yana faɗuwa yana sakewa. Ko gaisuwa bai ƙarasa ba ya ce, "Kawu, zo ka gani. Duk muna kallon ƙafar da ke sama. Dubi wadda yake tsaye a kanta, ita ce ke fara juyawa."